Kafin a Zare Waya Daga Soket: Yadda Ake Rufe Gem da Madannai Kaɗan

Shiga wasa ba ta taɓa ba kowa wahala a gidan gem ba. Yaron da bai kai shekara goma ba, wanda ko haɗa baƙin Turanci bai iya ba, zai zaɓi ƙungiya, ya jera 'yan wasa, ya canza mai tsaron gida kafin babba ya gama gyara zama. Amma a ce masa ya rufe wasan ya koma jerin sauran wasannin, nan ake yin ta. Zai juya fad ɗin a hannu, ya danna wannan ya danna wancan, in abin ya ƙi sai ya zura hannu bayan talabijin ya zare waya daga soket, ya sake sokawa. Mai shagon ma sau da yawa haka yake yi idan lokacin wasu ya cika, ga wasu tsaye a kansa da kuɗinsu a hannu. A ganina babu hanyar rufe gem da ta kai wannan tsada, kuma laifin ba na yaron ba ne. Ƙofar fita tana nan a jikin madannan da ke hannunsa, sai dai waɗanda suka ƙera na'urar da waɗanda suka sayar da ita ba su damu su nuna wa kowa ba.

A gari irin Illela abin ya fi ciwo. Nan ne ƙarshen titin da ya taso daga Sakkwato ya ratsa Kware da Gwadabawa, ga Birnin Konni ta Nijar a tsallaken iyaka, tafiyar 'yan mintuna a babur. Na'urorin gem da ke isa irin wannan wuri galibi na hannu ne, ko kuma masu araha 'yan ƙasar Sin, babu kwali babu takardar bayani, wadda ma ta zo da takarda za ka tarar da Turanci ne ko Faransanci ko Sinanci. Idan abu ya lalace, samun madadinsa ba kullum yake da sauƙi ba. Iyakar ta kasance a rufe daga Agustan 2019 zuwa Disambar 2020, aka sake garƙame ta bayan juyin mulkin Nijar na 26 ga Yulin 2023, Najeriya ba ta buɗe nata ɓangaren ba sai a Maris ɗin 2024. Ga kuma fetur, wanda tun da aka cire tallafinsa a ranar 29 ga Mayun 2023 kowane minti na janareta ya zama kuɗi. Mai shagon da ke kashe na'ura ya jira ta sake tashi tun daga farko duk lokacin da za a canza wasa, mai yake ƙonawa ba tare da kowa na biya ba, kuma wannan ce ƙaramar asarar.

Ɗabi'ar zare waya tana da asali, domin akwai zamanin da ita ce daidai. Atari 2600 da ta fito a Amurka a 1977 abin riƙonta sanda ɗaya gare shi da madanni ɗaya tak, abin sake fara wasa kuwa a jikin akwatin yake. Famicom ta kamfanin Nintendo, wadda ta fito a Japan a 1983, tana da kibiyoyi huɗu, da A da B, da Select da Start, shi ke nan. Kwafinta ne suka cika kasuwanninmu daga baya, da kaset ɗin nan masu da'awar ɗaruruwan wasanni, kuma a kansu ne yayyen yaran yau suka koyi gem. A irin wannan na'ura babu abin rufewa: wasan a kafe yake cikin kaset, ba a ƙara masa komai ba a rage masa komai, saboda haka kashe wuta shi ne fita. Amma da aka fara saka ɗan batir a cikin kaset don ya riƙe inda mutum ya tsaya, kamar a The Legend of Zelda da ya isa Amurka a 1987, sai Nintendo ya shiga gargaɗin mutane su danne Reset kafin su kashe, don kada ajiyarsu ta goge. Tun daga ranar da gem ya fara tuna abu, kashe shi ya zama aiki mai ƙa'ida.

PlayStation 2 (PS2), wadda Sony ya fitar a 2000 ya kuma sayar da sama da miliyan 150 kafin ya daina ƙera ta wajen 2013, ita ma ba ta da madannin fita a fad ɗinta, don a lissafin kamfanin wanda ya gama wasa zai tashi ya cire faifai. Sai dai yau masu gidajen gem da yawa sun bar faifai. Wasanni barkatai ake zubawa a filashi ko had dis, manhaja irin Open PS2 Loader ta jero su a allo mutum ya zaɓa. Da aka samu jeri, sai aka buƙaci hanyar komawa gare shi, kuma masu sha'awar da suka rubuta manhajar sun tanadi hanyar: a danne L1 da L2 da R1 da R2 da Start da Select lokaci guda, wasan ya rufe. In aka maye gurbin Start da Select da danna sandunan nan biyu ciki, na'urar ta mutu gaba ɗaya. Ba kowane wasa ke amsa wannan ba, amma da yawa suna amsawa. Manyan kamfanoni sun warware tasu matsalar da madanni na musamman a tsakiyar fad, Xbox 360 a 2005, PlayStation 3 da Wii a 2006. Su kuwa ƙananan na'urorin nan masu kama da filashi da ake sokawa a bayan talabijin, cikinsu ƙaramar kwamfuta ce da ke kwaikwayon tsofaffin na'urori. A kwamfuta akwai allon rubutu mai madannai sama da ɗari, fita ba ta da wuya. A nan kuwa fad ne kawai, kuma kowane madanni yana da aikinsa a cikin wasa. Shi ya sa tsarin RetroPie da ire-irensa suka mai da Select mabuɗi: ka danne shi ka taɓa Start, ka fita.

Abin da ke faruwa a ciki idan aka zare waya shi ne ya kamata kowane mai shago ya fahimta. Na'ura ba ta rubuta ajiya a bugu ɗaya. Tana rubuta bayanin wasan, sannan ta rubuta inda ta ajiye shi, kamar mai kanti da ke shigar da bashi a littafi: in aka fizge littafin ya rubuta kuɗi bai kai ga rubuta suna ba, shafin ya zama banza, wani lokaci ma ya jawo shakku a kan sauran shafukan. Wannan ne ma'anar rubutun da ke fitowa a allon PS2 yana cewa kada a cire katin memori, kada a kashe na'ura. Katin nan mai megabayit 8 shi ke ɗauke da gasar Master League da samari suka shafe watanni suna ginawa a Pro Evolution Soccer, sun sayi 'yan wasa, sun hau rukuni, kuma daƙiƙa biyu sun isa su mai da ita fayil ɗin da ba ya buɗuwa. A na'urorin kwaikwayo abin ya fi haka ɓoyuwa, domin a saiti da yawa ajiyar tana zaune ne a ƙwaƙwalwar wucin gadi, ba a sauke ta kan kati sai lokacin da aka fita ta ƙofar da ta dace. Yaro ya ga wasa ya ce masa an ajiye, ya zare waya da kwanciyar hankali, gobe ya dawo ya tarar babu komai, ya ce na'urar jabu ce. Ga shi kuma katin da ke riƙe ajiya shi ne dai ke riƙe manhajar da ke tayar da na'urar, in ya rikice sai allo ya tsaya baƙi ƙirin.

Wani zai ce duk wannan dogon Turanci ne a garin da wuta ke ɗaukewa ba sallama, janareta kuma ya shaƙe ya mutu ana tsakiyar bugun fanareti. Gaskiya ne, babu haɗin madannai da zai hana a ɗauke wuta. Amma hujjar tana komawa kan mai ita. Lalacewar kati abu ne na dace, yana faruwa idan katsewar ta faɗo daidai lokacin rubutu, saboda haka yawan katsewa shi ne yawan haɗari. Ɗaukewar wuta ba a hannun mai shago take ba, amma zare wayar da ake yi duk bayan wasa biyu ko uku a hannunsa take, kuma a rana mai ciniki ita ce ta fi yawa nesa ba kusa ba. Wanda na'urarsa ke shan duka daga wutar NEPA shi ya fi kowa buƙatar kada ya ƙara mata da nasa.

Wani kuma zai ce to me ya hana a ƙara madanni ɗaya a rubuta masa fita, kowa ya huta? Na yarda madanni na musamman ya fi kyau, in dai zai buɗe tambaya ne kafin ya rufe, kamar yadda na PlayStation 4 ke yi. Amma fad ɗin da ke hannun mutane an riga an ƙera su, ba za su tsiro da sabon madanni ba. Kuma wahalar da ke cikin haɗa madannai da gangan aka sa ta. Lokacin da injiniyan IBM David Bradley ya ƙirƙiro Ctrl da Alt da Delete don kwamfutar kamfanin ta 1981, ya zaɓi haɗin da hannu ba zai faɗa masa bisa kuskure ba. Wasannin Game Boy da yawa ma sai an danne A da B da Start da Select tare suke komawa farko. Duk wanda ya san gidan gem ya san amfanin wannan. An ci mutum uku ba ko ɗaya, saura minti biyar, abokai na ihu a bayansa. A ba shi madanni guda da ke share wasa nan take, sai dai a yi ta rabon faɗa yana rantsuwa hannunsa ne ya zame. Madannai shida ba sa zamewa. Inda masu sukar suke da gaskiya shi ne haɗin Select da Start, wanda ya yi sauƙi da yawa, musamman a wasannin da asalinsu na injin jefa kwabo ne, inda Select ke zuba kuɗi Start kuma ya fara wasa. Mai gaggawa ya danna su kusa da juna sai ya tsinci kansa a waje. Maganinsa yana cikin saiti: ana iya mai da mabuɗin kan wani madannin, ko a kunna zaɓin da ke neman a danna sau biyu. A RetroPie ma fad na farko ne kaɗai ke da ikon fita, abin da ya kamata mai shago ya sani kafin ya yanke wa zai riƙe wanne.

Akwai ƙorafin da ba ni da cikakkiyar amsarsa a cikin madannai, kuma ba zan raina shi ba. Yaron da hannunsa ɗaya ya shanye, ko ya rasa yatsu, ba zai iya danne shida lokaci guda ba. Microsoft ya fitar da fad na masu buƙata ta musamman a 2018, amma kuɗinsa ba na gidan gem ɗin bakin tasha ba ne. Haka fad ɗin da ƙurar hunturu ta cika, robar Select ɗinsa ta mutu. Ga waɗannan, abin da ya rage shi ne madannin Reset na gaban PS2, a taɓa shi bayan an tabbata allo ba ya nuna ana ajiya. Bai kai fita ta manhaja ba, amma ya fi fizgar waya, wadda ban da kati har bakin soket da abin rage wuta take ci a hankali.

Iyayen da ke ganin gem ɓata lokaci ne, don haka yadda ake rufe shi bai dame su ba, su ne ma suka fi kowa riba a nan. Yaron da aka kira sallah ko aike ya ce "Baba, bari in gama", sau da yawa ba taurin kai ne kaɗai ke riƙe shi ba, tsoro yake in ya tashi aikin awa biyu ya tafi. Wanda ya san yadda zai ajiye ya fita cikin daƙiƙa goma ba shi da wannan uzurin, kuma uba na iya tsayawa a kan maganarsa ba tare da ya kashe soket da kansa ya jawo kuka ba.

Saboda haka nauyin yana kan mai sayarwa da mai zuba wasanni, don su ne suka san abin da suka saka a ciki. Mai saye a kasuwar Illela ko a Sakkwato yana da haƙƙin ya ce, "Malam, nuna mini yadda ake fita tukuna," a kunna wasa a gabansa, a rufe, a sake buɗewa a ga ajiyar tana nan, kafin ya ƙirga kuɗi. Ya kuma duba wane madanni ne ke amincewa, domin a wasannin PlayStation 'yan Japan da'ira ce ke cewa e, kuros ya ce a'a, akasin na Turai da Amurka, kuma Sony bai daidaita wannan ba sai da PlayStation 5 a 2020. Mutum na iya soke ajiyarsa yana zaton ya tabbatar da ita. Shi kuma mai gidan gem, takarda ɗaya ta ishe shi, a manna a bango saman kowane talabijin, da boko ko da ajami, a zana siffar madannan yadda wanda bai yi makaranta ba zai gane. Ya kuma ɗaga soket ɗin sama ko ya sa shi a bayan tebur ɗinsa, inda hannun yara ba ya kaiwa.