Fasfo: Abin da mazaunin Gwantu ke fuskanta kafin ya riƙe koren littafi

Ga mazaunin Gwantu, hedikwatar Ƙaramar Hukumar Sanga a kudancin Jihar Kaduna, neman fasfo aiki ne na kuɗi da tafiya da haƙuri, ko maniyyacin Makka ne, ko mai ziyarar Urushalima, ko ɗalibi.

Tun daga 1 ga Satumba, 2025, Hukumar Shige da Fice ta Najeriya ta ninka farashi. Fasfo mai shafi 32 na shekara biyar ya tashi daga naira 50,000 zuwa 100,000, mai shafi 64 na shekara goma kuma ya kai naira 200,000.

A watan Janairun 2024 Ministan Harkokin Cikin Gida, Olubunmi Tunji-Ojo, ya ƙaddamar da tsarin cike takardu da biyan kuɗi ta intanet, domin rage cunkoso da 'yan na-kama. Sai dai ɗaukar hoto da zanen yatsu na buƙatar mutum ya je da ƙafarsa. Kasancewar Gwantu na kan hanyar Akwanga zuwa Jos, Lafiya da Jos sun fi masa kusa da birnin Kaduna.

Babban tarnaƙin shi ne lambar NIN. Dole suna da ranar haihuwa su yi daidai da na takardar haihuwa da ta shaidar ƙaramar hukuma. Idan nan an rubuta Yohanna, can kuma John, aiki ya tsaya sai an gyara a hukumar NIMC.

Don haka wanda bai tantance takardunsa tun daga gida ba, kuɗin mota biyu zai biya.