Tara Waƙoƙin Soyayya: Me Ke Cikin Memorinka?

A Sundimina, kamar sauran garuruwan Birnin Kudu da Gwaram, mai son waƙoƙin soyayya ba ya shan wahala. Ya miƙa memori ga mai turi a shagon cajin waya, a loda masa Nura M. Inuwa da Umar M. Shareef da Hamisu Breaker, ɗaruruwa a zama ɗaya. Sai dai abin da aka loda masa ba shi ne ainihin abin da ya fito daga situdiyo ba.

Kusan duk MP3 ne. Wannan tsari yana zubar da wani ɓangare na sauti, wanda ake ganin kunne ba zai lura da shi ba, don waƙa ta yi ƙanƙanta. Waƙar minti 5 a ingancin faifan CD takan kai kusan megabait 50, MP3 kuwa sai ya mayar da ita kamar 5. A ƙaramar sifikar waya ba za ka ji bambanci ba. Sa ta a babbar sifikar gidan biki, nan za ka ji muryar 'yar amshi ta yi kaushi, ƙarar fiyano ta cakuɗe.

Akwai tsarin FLAC, wanda ya fito a 2001. Shi yana matse waƙa zuwa kusan rabi ba tare da ya yar da komai ba, shi ya sa masu tara waƙoƙi da gaske suka rungume shi.

A nan mutane ke ruɗewa. Tura waƙa daga waya zuwa waya ta Xender ko bulutut ba ya rage mata komai. Abin da ke kashe ta shi ne sake sarrafa ta: a ciro ta daga bidiyo, a ɗora mata tallar DJ, a sake matsewa. Kuma abin da aka zubar ya tafi ke nan. Wanda ya juya MP3 zuwa FLAC ya ce maka ya gyara, wuri kawai ya cinye maka, tamkar an juye rabin kwano a babbar ƙwarya.

Saboda haka mai nema sai ya bi tushe: faifan CD na asali, ko kwafin situdiyo daga hannun mawaƙi. Tsofaffin waƙoƙin fim na zamanin Sangaya kuwa, da yawansu a kaset suka yaɗu, kuma zafi da ƙura na cin zaren kaset a hankali. Wanda ke da su a akwati, gara ya nemi rediyo mai lafiyayyen kai, a haɗa da kwamfuta, a naɗe su a tsarin WAV, sannan a mayar FLAC. Shuuu ɗin kaset zai biyo, amma a ganina a bar shi, don yawan gogewa na tafiya da murya. A rubuta sunan mawaƙi da na fim da shekara, a ajiye kwafi biyu a wurare daban, domin memori ba ya sallama kafin ya mutu.