Victor Sjöström da zamanin fim marar magana a Suwidin

Kafin fim ya fara magana a ƙarshen shekarun 1920, ƙasar Suwidin ta ɗan taɓa shiga sahun gaba a wannan sana'a, duk da ƙarancin jama'arta. Cikin waɗanda suka kai ta can, babu kamar Victor Sjöström, wanda ya haɗa aiki uku a hannunsa: shi ke rubuta labari, shi ke ba da umarni, sau da yawa kuma shi ne jarumin.

An haife shi ranar 20 ga Satumba 1879 a lardin Värmland. Yana jariri iyayensa suka yi ƙaura zuwa Brooklyn a Amurka, can mahaifiyarsa ta rasu, daga baya ya koma gida hannun dangi. Ya fara da wasan kwaikwayo na dandali, yana bin ƙungiyoyin da ke yawo gari-gari, har 1912 lokacin da Charles Magnusson, shugaban kamfanin Svenska Bio, ya ɗauke shi aiki tare da Mauritz Stiller. Fim ɗinsa na 1912, Trädgårdsmästaren, hukumar tace finafinai ta hana nuna shi.

Shekara ɗaya bayan haka ya fito da Ingeborg Holm, labarin wata mata da mijinta ya mutu ya bar ta da bashi, aka kai ta gidan gajiyayyu, aka raba 'ya'yanta ga wasu gidaje, har hankalinta ya gushe. A lokacin mutane da yawa na ɗaukar silima abin dariya da kashe lokaci, sai ga fim ya jawo muhawara a ƙasar kan yadda hukuma ke riƙon talakawa.

Abin da ya fi bambanta shi da takwarorinsa shi ne fitar da kyamara daga ɗaki. A Terje Vigen na 1917, wanda ya ɗauko daga waƙar Henrik Ibsen, teku ne ke nuna fushin jarumin da baƙin cikinsa. A Berg-Ejvind na 1918 ya kwashi ma'aikatansa zuwa duwatsun arewacin Suwidin, inda dusar ƙanƙara da yunwa suka gama da masoya biyu da suka guje wa shari'a. Tunda 'yan wasa ba su da murya, sai ya bar ƙasa da yanayi su faɗi abin da ke ransu. A ganina wannan ce babbar gudunmawarsa.

Ya kuma dogara da littattafan Selma Lagerlöf, mace ta farko da ta ci kyautar Nobel ta adabi a 1909. Daga littafinta ya rubuta Körkarlen, aka fara nuna shi ranar 1 ga Janairu 1921. Labarin ya ginu kan wata tatsuniya: duk wanda ya mutu a ƙarshe a daren sabuwar shekara, shi zai tuƙa keken dokin mutuwa shekara guda yana kwasar rayuka. Sjöström ne ya fito a matsayin David Holm, mashayin da ya wulakanta iyalinsa. Yadda aka yi fatalwar keken abin mamaki ne. Mai ɗaukar hoto Julius Jaenzon zai ɗauki titi ko bakin teku, ya mayar da zaren fim ɗin baya a cikin kyamara, ya sake ɗaukar keken a kan wannan zaren, sai keken ya fito shara-shara ana hango abin da ke bayansa. Kyamarar kuwa da hannu ake juya ta, don haka dole saurin juyawa ya zo daidai a kowane ɗauka, in ba haka ba aikin ya lalace.

A 1923 Hollywood ta yi kiransa, aka sauƙaƙa sunansa zuwa Seastrom. Ya yi He Who Gets Slapped da Lon Chaney a 1924, sannan The Scarlet Letter da The Wind tare da Lillian Gish. A The Wind, wanda aka ɗauka a hamadar Mojave, farfelar jiragen sama aka kunna tana watsa wa 'yan wasa yashi. Amma fim ɗin ya fito a 1928, daidai lokacin da hankalin masu kallo ya koma kan fim mai magana, bai yi kasuwa ba.

Ya koma gida a 1930, bai ƙara ba da umarni sosai ba. Na ƙarshe shi ne Under the Red Robe a Ingila, 1937. Daga 1943 zuwa 1949 shi ne mai kula da ingancin finafinai a Svensk Filmindustri, inda ya riƙa yi wa wani matashi, Ingmar Bergman, gyara da nasiha. Bergman ɗin ne ya ba shi rawar tsohon farfesa Isak Borg a Smultronstället a 1957, kuma yau mutane da dama ta wannan fim suka san fuskarsa. Ya rasu a Stockholm ranar 3 ga Janairu 1960. Da yawa daga finafinansa na farko sun ɓace, wasu a gobarar da ta cinye ma'ajiyar kamfanin Svensk Filmindustri a 1941.