Abin da ya sa "cikina ke ciwo" ba ya isar likita

Idan aka tambayi mara lafiya abin da ya kawo shi asibiti, sau da yawa amsar ba ta wuce "cikina ne" ko "ƙafata ce". Daga nan sai likita ya ce a nuna masa wurin da yatsa. Wasu kan ɗauka ɓata lokaci ne, alhali amsar wannan tambaya ce ke fara nuna masa ko magani zai rubuta ko kuwa ɗakin tiyata za a nufa.

Kalmar "ciki" a Hausa tana da faɗi. Tana nufin tumbi, tana nufin duk abin da ke tsakanin ƙirji da mara, tana kuma nufin juna biyu. A wajen likita kuwa, ciki fili ne da aka tsaga da layi biyu a tsaye da biyu a kwance, ya zama gida tara kamar gidajen dara, kowane gida da sunansa da kayan cikin da ke kwance ƙarƙashinsa.

Gidan sama na tsakiya shi ne efigastiriyam, kalmar Girkanci mai ma'anar "saman tumbi", wato wurin da Bahaushe ke kira ƙahon zuciya. A nan mai gyambon ciki ya fi jin zafi. Sai dai a nan ɗin ma ciwon bugun zuciya kan bayyana a wasu mutane, musamman tsofaffi da masu ciwon suga, su yi ta shan maganin olsa lokaci yana ƙurewa. A damansa, ƙarƙashin haƙarƙari, akwai hanta da matsarmama, kuma ciwon matsarmama kan harba har kafaɗar dama. A hagu akwai saifa. Jeri na tsakiya shi ne cibiya da kwiɓi biyu, inda ciwon ƙoda kan fito ya gangara zuwa matsematsi. Jeri na ƙasa shi ne mara, mazaunin mafitsara da mahaifa, da gefunanta biyu.

Gefen dama na mara ya fi kowane gida suna, saboda afendiks. Ciwonsa yakan faro a zagayen cibiya, bayan wasu sa'o'i ya sauka ya tare a can. A 1889 wani likitan tiyata na Amurka, Charles McBurney, ya bayyana daidai gurbin da ya fi zafi idan an danna: a kan layin da ya taso daga tsinin ƙashin ƙugu na dama zuwa cibiya, kashi ɗaya cikin uku na nisan. Har yau da sunansa ake kiran gurbin. Wanda ya iya gaya wa likita cewa ciwon a cibiya ya fara kafin ya sauka dama, ya rage masa rabin aiki. Haka mace da al'adarta ta yi jinkiri kuma take jin ciwo a gefe guda na mara, domin yana iya zama ciki ne ya zauna a wajen mahaifa, wanda ke kisa idan ya fashe.

Yadda aka daidaita sunayen

Su kansu likitoci sun daɗe cikin ruɗani. Tun bayan da Andreas Vesalius ya wallafa babban littafinsa kan ƙirar jikin ɗan'adam a 1543, masana a Turai suka riƙa raɗa wa gaɓoɓi suna yadda suka ga dama, wani ma ya liƙa nasa sunan, har jijiya ɗaya ta tashi da suna barkatai. A 1895 masana ilimin ƙirar jiki na Jamus suka zauna a birnin Basel na Suwizalan suka amince da jeri guda cikin Latin, wanda ya zaftare sunaye kusan 50,000 zuwa dubu biyar da 'yan kai. An sake gyara shi a Paris a 1955. Wanda ake aiki da shi yanzu, Terminologia Anatomica, ya fito a 1998 da kalmomi kusan 7,500.

Tsarin ya ginu ne a kan tsayuwa guda: mutum a miƙe, fuska gaba, hannuwa a gefe, tafukan hannu suna kallon gaba. Ko mara lafiya yana kwance rub da ciki, da wannan tsayuwar ake bayaninsa. Dama da hagu kuma na mara lafiyan ne, ba na mai duba shi ba. Abin ya yi kama da ƙaramin zance, amma an sha yi wa mutane tiyata a gefen da lafiyarsa ƙalau. Shi ya sa jerin matakan kariya a tiyata da Hukumar Lafiya ta Duniya ta fitar a 2008 ya ƙunshi tabbatar da wurin da za a yanka da sanya masa alama kafin a ba da maganin barci.

Hausa ba ta rasa suna ba

A harshen likitoci "hannu" ba abu ɗaya ba ne: daga kafaɗa zuwa gwiwar hannu brakiyum ne, daga nan zuwa wuyan hannu antebrakiyum, sannan manus. Haka ƙafa ta rabu zuwa cinya, da abin da ke tsakanin gwiwa da idon sawu, da tafin ƙafa.

Hausa tana da nata sunayen ga kusan duk waɗannan wurare. Akwai damtse da sangali da hammata, akwai ƙwauri da sha-raɓa da agara da diddige, akwai ƙeya da allon kafaɗa da gadon baya da kwankwaso. Mahauta da masu ɗorin karaya suna amfani da su kullum. Matasan birni ne suka fara sakin su, har ka ji yaro ya buge a ƙwauri yana cewa "ƙafa" kawai, kuma wannan rashi ne da ke bin mutum har ɗakin likita.

Wanda sunan ya ɓace masa, yatsa ɗaya ya wadatar. Ya ɗora shi a inda ya fi zafi maimakon shafa ciki duka da tafin hannu, ya faɗi inda ciwon ya faro, da inda ya koma, da ko yana harbawa zuwa baya ko kafaɗa ko matsematsi.