Gidan Gandu a Ƙasar Indiya

Duk wanda ya ratsa lungunan Umarari a Maiduguri bayan sallar isha'i, in an yi sa'a da wuta, da wuya ya kai bakin titi bai jiyo fim ɗin Indiya da aka juya zuwa Hausa ba, kuma galibi labarin bai wuce na uwar miji da matar ɗanta ba, a wani katafaren gida inda kaka da 'ya'ya da jikoki suke ci daga tukunya guda. Shi ya sa da yawa daga cikinmu suke zaton haka kowane Ba'indiye yake zaune, alhali kuwa zamani ya riga ya yi wa wannan tsari abin da ya yi wa gandu a ƙasar Hausa.

A da, a Indiya 'ya'ya maza suna zaune da matansu ƙarƙashin mahaifi, dukiya ɗaya, murhu ɗaya. Amma binciken lafiyar iyali da hukumar ƙasar ta gudanar daga 2019 zuwa 2021 ya nuna cewa fiye da rabin gidaje yanzu na miji da mata da 'ya'yansu ne kaɗai, kuma in an kasa jama'a bisa gidaje, kowane gida bai cika mutum biyar ba. Neman aiki ya kwashe samari zuwa Mumbai da Bangalor da Dubai, tsadar haya kuwa ta hana su ɗauko tsofaffi. Mu nan Maiduguri akasin haka muka gani, domin tun da fitina ta koro 'yan'uwa daga ƙauyuka gidajenmu suka ƙara cika.

Duk da haka, a Indiya raba gida bai yanke zumunci ba. A Mumbai, tun kafin hantsi uwargida ta gama shayin madara da citta, ta gasa gurasar capati, ta zuba miyar wake da shinkafa a kwanonin da ake jerawa bisa juna, sa'an nan wani ɗan dako mai farar hula, daga cikin waɗanda ake kira dabbawala, ya karɓa ya bi keke da jirgin ƙasa ya kai wa maigida ofis kafin azahar. Sana'ar nan tun 1890 ake yin ta. Haka kuma a sassa da yawa na ƙasar, mace takan koma gaban mahaifiyarta don haihuwar fari, kamar dai goyon ciki a wurinmu.

Inda abin ya fi ciwo shi ne sha'anin tsofaffi. A 2007 majalisar ƙasar ta kafa doka wadda ta wajabta wa 'ya'ya nafakar iyayensu, lamarin da a ganina ya isa shaida cewa birrul walidaini ya yi rauni, tun da har sai da hukuma ta sa baki. Bisa wannan doka, tsoho yana iya kai ƙarar ɗansa a yanka masa abin da zai riƙa biya kowane wata, wanda ya yasar da mahaifinsa yana iya shan ɗaurin wata uku, kuma in tsoho ya mallaka wa ɗa gida bisa sharaɗin kulawa, ɗan ya saɓa, ana iya warware kyautar a mayar masa da abinsa.