Adamu Halilu da Hannun da Ke Rubuta Fim

Tun da Hukumar Tace Finafinai ta Jihar Kano ta dakatar da finafinai masu dogon zango 22 a Mayun 2025, ciki har da Labarina da Daɗin Kowa, musu bai kwanta ba a majalisun Gyaɗi-Gyaɗi, da yake ofisoshin 'yan fim na Titin Gidan Zu maƙwabta ne. Ana ta ambaton jarumai da furodusoshi. Wanda ya zauna ya rubuta labarin kuwa, ba mai tambayar sunansa.

Abin da ya fi ci mini rai shi ne masu cewa fim ɗin Hausa ba rubuta shi ake yi ba, wai na Indiya ake ɗaukowa a sa masa babbar riga. Ko Turmin Danya na 1990, da ƙungiyar Tumbin Giwa ta yi a nan Kano, marigayi Aminu Hassan Yakasai ne ya rubuta shi. Kafin shi ma akwai Adamu Halilu.

An haifi Halilu a Garkiɗa a 1936. Ya koyo rubutun fim da haɗa hoto a Landan da Rum, ya daɗe yana yi wa gwamnati finafinan wayar da kai irin na majigi. A 1976 ya fitar da Shaihu Umar, labarin da Abubakar Tafawa Ɓalewa ya rubuta, Umaru Ladan da Dexter Lyndersay suka mayar wasan daɓe. Littafi yana iya gaya maka uwa ta yi shekaru tana neman ɗanta a hanyar Sahara, da jimla ɗaya. Mai rubutun fim sai ya yanke wace rana za a nuna, wa zai fara magana, a ina za a yi shiru. Shi ne mai tuƙa tuwo a madafi, mai miƙo akushi ake yi wa sannu.

Halilu ya rasu a 2001. Fim ɗin nasa ya ɓace shekaru, sai a 2016 aka tsinto faifansa a wata ma'ajiya. Cibiyar Arsenal ta Jamus ce ta gyara shi, aka haska a bikin finafinai na Balin a 2018. Hukumomin da ke da ikon dakatarwa, ya kamata su tanadi ɗakin da za a riƙa ajiye rubutun kowane fim da suka tace, da sunan mai shi a bango.