Lambar asibiti da ke raba kuskure da ganganci a Amurka

A cikin kundin lambobin cututtuka da asibitocin Amurka ke aiki da shi, akwai wata lamba da duk wanda ya fara cin karo da ita sai ya sake dubawa: T50.A12A. Ma'anarta ita ce allurar rigakafin tarin shiƙa ta yi wa mutum illa saboda ya yi amfani da ita da gangan domin ya cutar da kansa.

Ba ita kaɗai ba ce. T50.B92A na nufin irin wannan abu da rigakafin cututtuka irin su ƙyanda da shan inna. T50.B12A kuwa ta rigakafin cutar agana ce, wadda tun a 1980 Hukumar Lafiya ta Duniya, WHO, ta bayyana cewa an kawar da ita daga doron ƙasa.

Allurar rigakafi a firjin asibiti take zama, a hannun ma'aikatan lafiya. Da wuya a ce ita ce abin da mai neman cutar da kansa zai kai hannu gare shi. To me ya kawo waɗannan lambobi cikin kundin?

Teburi mai gida shida

Kundin dai shi ne ICD-10-CM, wanda Amurka ta faɗaɗa daga na WHO, ta fara aiki da shi ranar 1 ga Oktoban 2015. Wanda ya gabace shi na da lambobi kimanin 14,000, shi kuwa ya kai wajen 70,000. Har wanda agwagwa ta buge yana da tasa lambar.

Masu tsara shi ba su zauna suna tambayar wane magani ne mutane suka fi cutar da kansu da shi ba. Teburi suka zana, suka jera magunguna, kowane magani suka ba shi gida shida. Gida na 1 kuskure ne, kamar a yi wa yaro allurar da aka tanadar wa wani. Na 2 cutar da kai da gangan. Na 3 wani ne ya yi wa mutum da mugun nufi. Na 4 an bincika an kasa gano niyya. Na 5 illar da ta biyo bayan maganin da aka bayar daidai bisa ƙa'ida. Na 6 kuma shan magani ƙasa da yadda aka umarta.

Tunda allurar rigakafi na cikin jerin, ita ma ta samu gidajenta shida, ko da wasu sun zauna babu kowa a ciki.

Haka ake karanta T50.A12A: T50 rukuni ne da ya tattara wasu magunguna daban-daban, A na nufin rigakafin cututtukan bakteriya, 1 tarin shiƙa, 2 niyyar cutar da kai, harafin ƙarshe kuma yana nuna matakin jinya.

Ba hujja ba ce cewa rigakafi guba ne

Nan ne wurin da ake iya yin mummunar fahimta. Kalmar da kundin ya yi amfani da ita ana fassara ta da "guba", kuma hoton wannan layi kaɗai ya isa ya zagaya WhatsApp da cewa ga Amurka da kanta ta amsa laifi. An ga makamancin haka bayan da aka ƙara lambar Z28.310 a watan Afrilun 2022 domin nuna wanda bai yi rigakafin korona ba, inda aka yi ta yaɗa cewa hanya ce ta farautar mutane. Masu karatu a arewacin Najeriya kuwa ba su manta da abin da jita-jita ta jawo wa rigakafin shan inna a 2003 ba.

A harshen masu lambobi, "guba" na nufin an yi amfani da abu ba bisa ƙa'ida ba: ya wuce kima, ko an bai wa wanda ba shi ba, ko an bi da shi ta hanyar da ba ta dace ba. Farasitamol, insulin da sinadaran bitamin duk suna da irin waɗannan gidaje shida. Zazzaɓi ko kumburin hannu bayan allurar da aka yi daidai ba ya shiga nan, gida na 5 yake tafiya.

Idan likita bai rubuta ba

Abin da ya fi muhimmanci a lambar shi ne wannan 2 ɗin. A tsohon kundin, niyya tana da lamba ta daban da ake liƙawa a gefe, kuma sau da yawa ana barinta. Yanzu an dasa ta cikin lambar kanta, ta yadda ba za a iya rubuta guba ba sai an zaɓi gida.

Amma mai saka lamba ba ya ganin mara lafiya. Takardar da likita ya rubuta yake karantawa, kuma ba shi da hurumin yin hasashe. Ƙa'idar aikin ta ce idan ba a ambaci niyya ba, a rubuta kuskure. Gida na 4 ma ba a shiga shi sai likita ya rubuta ƙarara cewa an kasa tantancewa.

Ke nan idan aka kawo matashi sashen gaggawa cikin dare, aka ceto ransa, amma likitan ya gaji ko ya ji nauyin tambayarsa abin da ya faru, ko iyaye suka roƙi a rufa asiri, takarda za ta nuna 1 a inda ya kamata a ga 2. Abin da ya rage wa mai lamba shi ne ya aika wa likitan tambaya a rubuce. Idan bai yi ba, likitan da zai duba wannan matashi bayan wata shida zai ga tarihin haɗari ne kawai, masu ƙididdiga kuma ba za su ƙirga shi ba.

Ƙididdigar ba ƙaramin aiki take yi ba. WHO ta ce fiye da mutum 700,000 ke kashe kansu duk shekara, kuma an kiyasta cewa kusan kashi ɗaya cikin biyar ta hanyar magungunan ƙwari na gona ne. Sri Lanka ta gane daga bayanan asibitocinta waɗanne sinadarai ne suka fi kisa, ta haramta su, adadin masu kashe kansu ya ragu da kusan kashi 70 cikin 100 tsakanin 1995 da 2015.

A kundin WHO na asali babu wannan dalla-dallar ta rigakafi. Duk sun faɗa ƙarƙashin X64, tare da wasu magunguna da dama, yayin da maganin ƙwari ke da X68. Ita ma Amurka, idan mutum ya mutu, da kundin WHO take rubuta sanadin mutuwarsa. Su T50.A12A na masu rai ne da ke gaban likita.

Inda doka ke tsoratar da alƙalami

A Najeriya matsalar ta wuce ta gajiyar likita. Sashe na 327 na dokar Criminal Code ya tanadi ɗaurin shekara ɗaya ga wanda ya yi yunƙurin kashe kansa, sashe na 231 na Penal Code da ake aiki da shi a Arewa kuma ya tanadi ɗauri har na shekara ɗaya, ko tara, ko duka biyun. Likitan da ya san rubutunsa na iya kai mara lafiya gaban 'yan sanda yana da dalilin rubuta "kuskure", iyali kuma suna da dalilin yin shiru. Majalisar dokokin Ghana ta soke irin wannan hukunci a watan Maris na 2023.

Saura harafin ƙarshe na lambar. A na nufin ana cikin yi wa mutum magani. S na nufin wata illa da abin ya bari a jikinsa daga baya. D kuwa ana rubuta ta ne idan an wuce lokacin gaggawa, mutumin ya dawo asibiti a ci gaba da duba shi.